Ƙawancen Ingila da Faransa bayan yaƙin Hitila, kamar yadda ya bayyana a hanyar Damagaram zuwa Kano

Duk malamin da ya taɓa koyar da tarihi a ajin jarrabawar BEPC ya san babin da ake kira "duniya bayan 1945". Ana fara shi da taron Yalta, a wuce Potsdam, a kafa Majalisar Ɗinkin Duniya, a kawo shirin Marshall, a rufe da ƙungiyar tsaro ta NATO, wadda littattafanmu na Faransanci ke kira OTAN. A kan allo sai a ja layi biyu, Gabas da Yamma. A ƙarƙashin Yamma a jera Amurka, Ingila da Faransa kamar ƴaƴan ɗaki ɗaya. Yaro ya haddace, ya ci maki, ya tafi da tunanin cewa waɗannan ƙasashe uku bakinsu ɗaya ne.

Masana tarihin da suka zauna suka karanta wasiƙun da ministoci da gwamnoni suka rubuta wa junansu a waɗannan shekaru ba haka suka gani ba. Zaman kishiyoyi suka tarar, ana gaisuwa a tsakar gida, kowa kuma yana ƙirga buhunan da ke rumbun ɗan'uwansa. Mu da ke zaune a Gaffati da kewayen Damagaram muna da dalilin sanin wannan fiye da ɗalibin Paris, domin iyakar da ta raba mallakar ƙawayen biyu ta ratsa tsakaninmu da Daura da Kano, kuma gyaɗar kakanninmu na cikin abin da suka yi ciniki a kai.

Sai mun koma baya kaɗan kafin a fahimci abin da ya faru bayan yaƙi. A 1890 Ingila da Faransa suka ja layi a takarda daga Say zuwa Baruwa a bakin tafkin Chadi, alhali babu ɗayansu da ke mulkin ƙasar da suke rabawa. Sarkin Damagaram na kan gadonsa, Sarkin Musulmi na Sakkwato. A watan Yuni na 1898 suka sake yarjejeniya, aka zana baka mai nisan mil 100 kewaye da Sakkwato aka ba Ingila. Da Faransawa suka ci Damagaram a 1899, bayan gwabzawar Tirmini da kisan Sarki Amadu Kuran Daga, sai suka ga layin ya bar su ba hanya mai rijiyoyi daga kogin Kwara zuwa Zinder. Ayarinsu ko dai ya bi ta cikin ƙasar Ingilishi da izini, ko ya sha ƙishirwa. Gyaran ya zo ne a yarjejeniyar sulhu ta 8 ga Afrilu 1904, kuma abin da Faransa ta bayar a musaya shi ne haƙƙin kamun kifi da take da shi a gaɓar tsibirin Newfoundland, can kusa da Kanada. Ku duba fa: saboda kifin wani teku da kakanninmu ba su taɓa jin sunansa ba aka tura iyaka ta yi kudu. An ƙarasa tsarin a 1906, sannan tawagar Tilho na Faransa da O'Shee na Ingila suka bi daji suna kafa turaku har 1908. Su ne mutanen bakin iyaka ke kira tangaraho.

Tun daga nan Faransa ba ta taɓa sakin jiki da gabashin Nijar ba. Jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, fataucin Sahara ya ja baya, kasuwar Damagaram ta juya fuskarta kudu. Cikin dalilan da ake bayarwa na ɗauke babban birni daga Zinder zuwa Yamai a 1926, bayan ƙarancin ruwa, har da wannan kusanci da Kano.

Yaƙin Hitila ya mai da zargin ya zama gaba a fili. Da Faransa ta faɗi a Yunin 1940, gwamnan Afirka ta Yamma da ke Dakar, Pierre Boisson, ya bi gwamnatin Vichy mai ɗasawa da Jamus. A watan Yuli jiragen ruwan Ingila suka buɗe wuta kan rundunar ruwan Faransa a Mers el-Kébir ta Aljeriya, sojojin Faransa kusan 1,300 suka mutu. A Satumba Ingila da Janar de Gaulle suka kai wa Dakar hari aka kore su. Chadi kuwa, a ƙarƙashin Félix Éboué, ta bi de Gaulle tun watan Agusta. Wato Damagaram ta tsinci kanta a tsaka: kudu Ingilishi, gabas Faransawan de Gaulle, ita kuma tana hannun Faransawan Vichy. Aka rufe iyaka. Filin jirgin saman Kano ya zama zango a hanyar da ake kai jiragen yaƙi daga Takoradi zuwa Masar, ta Maiduguri da Fort-Lamy. A nan ɓangarenmu kuwa aikin tilas da ƙwacen hatsi da dabbobi suka tsananta, tufafi suka yi wuya, mutane da yawa suka tsallaka kudu da dare. Can ɗin ma ba hutu suka tarar ba, don lokacin ne ake ɗiban gwamna zuwa haƙar kuza a Jos. Sai a ƙarshen 1942, bayan Amurka da Ingila sun sauka a Arewacin Afirka, Dakar ta sauya sheƙa.

Ko ranar nasara ba ta wanke zukata ba. Ba a gayyaci de Gaulle Yalta ba, ba a gayyace shi Potsdam ba. A ƙarshen Mayun 1945, makonni uku da gama yaƙi a Turai, sojojin Faransa suka yi wa birnin Dimashƙa ruwan wuta, Ingila ta shiga tsakani ta tilasta musu komawa bariki. De Gaulle bai manta da wannan wulaƙanci ba har ya bar duniya.

To, da wannan tarihi a bayansu, me ya sa suka nemi haɗa kai a kan Afirka? Nan ne aikin masana ya yi amfani, kuma ya kamata malami ya san yadda ilimin ya samu. A shekarun farko abin da ake da shi shi ne littattafan da manyan suka rubuta game da kansu, irin na Churchill da de Gaulle, kuma kowa ya san mai ba da labarin kansa ba ya cewa miyarsa ba gishiri. Ingila na da dokar rufe takardun gwamnati shekara 50, aka rage ta zuwa 30 a 1967. Saboda haka takardun 1945 zuwa 1950 ba su fito ba sai daga 1976 zuwa 1981. Faransa ta yi tata dokar a Janairun 1979. Daga nan ne masu bincike suka fara zirga-zirga tsakanin ma'ajiyar takardu ta Kew a Landan, da ta Aix-en-Provence, da ta Dakar inda aka bar kundayen gwamnatin Afirka ta Yamma, suna ɗora wasiƙar wannan a kan amsar wancan.

Abin da ya fito ya sauya yadda ake kallon Ernest Bevin, ministan harkokin wajen Ingila daga 1945 zuwa 1951. Da can ana ɗaukar sa a matsayin mutumin da tun farko burinsa ya ɗaure Ingila a jikin Amurka. John Young a 1984, sannan John Kent a littafinsa na 1992 kan Ingila da Faransa da Afirka baƙar fata, suka nuna cewa na ɗan lokaci Bevin na da wani buri daban. Yana son Yammacin Turai, da Ingila da Faransa a gaba, su zama ƙarfi na uku wanda ba ya ƙarƙashin Amurka kuma ba ya ƙarƙashin Rasha. Da me za a gina wannan ƙarfi, alhali yaƙi ya bar su da bashi da yunwa? Da arzikin Afirka. A 4 ga Maris 1947 shi da takwaransa Georges Bidault suka sa hannu a yarjejeniyar Dunkerque ta shekara 50. A jawabinsa na 22 ga Janairu 1948 a majalisa ya ambaci albarkatun ƙasashen da ke hannunsu a fili. Abokin aikinsa Hugh Dalton ma ya rubuta a littafin ajiyarsa na kullum cewa Bevin ya gaya masa idan aka haɓaka Afirka, cikin shekara huɗu ko biyar Amurka ce za ta dawo tana dogara da su.

Dalili na biyu tsoro ne. Amurka da ke ba su rance ba ta son mulkin mallaka, aƙalla a baki, Rasha kuma na yi musu gori a kowane taro. Kundin Majalisar Ɗinkin Duniya ya wajabta wa masu mallaka su riƙa kai rahoto kan halin da talakawansu ke ciki. A Disambar 1947 Sylvanus Olympio ya tsaya gaban majalisar a Amurka yana ƙarar yadda iyakar Ingila da Faransa ta raba ƙabilar Ewe biyu a Togo. Wannan ƙara ta tayar musu da hankali, domin Ewe ba su kaɗai aka raba ba. Akwai Yarbawa, akwai Barebari, akwai mu. Gara su nuna wa duniya suna aiki tare da kansu, kafin wani ya zo ya ce zai duba musu.

Sai aka shiga taruka. A 1946 likitocin dabbobi suka haɗu a Dakar, likitocin mutane a Accra. A 1948 aka yi taron ƙwadago a Jos, Beljiyam ma ta halarta. A Janairun 1950 aka kafa hukumar haɗin kan fasaha ta Afirka kudu da Sahara, wadda aka fi sani da CCTA, da Ingila, Faransa, Beljiyam, Fotugal, Rodeshiya ta Kudu da Afirka ta Kudu a ciki. Ku lura da ƴan kwamitin: babu baƙar fata ko ɗaya mai mulkin kansa, ga kuma gwamnatin wariyar launin fata zaune a tebur. Kent da waɗanda suka biyo bayansa sun nuna cewa babban aikin hukumar shi ne ta tare ƙofa kada hukumomin Majalisar Ɗinkin Duniya su shigo.

A kan fari da bushiya da ƙudan tsando an yi abin kirki, ban ƙi ba. Fara ba ta san tangaraho ba, saniyar Bafillace ma haka. Babban gangamin allurar bushiya da aka fara a 1962 a ƙasashen tafkin Chadi, wato Nijar, Najeriya, Chadi da Kamaru, daga wannan hukuma ya fito, kuma makiyaya sun amfana. Amma da zarar magana ta zo kan kuɗi ko siyasa, sai zaman ya koma na ƴan marina, kowa da inda ya sa gaba.

Mu ɗauki kuɗi. A 26 ga Disamba 1945 Faransa ta ƙirƙiro sefa, tamma ɗaya tana daidai da 1.70 na kuɗin Faransa, daga 1948 kuma ta zama biyu. A kudu ana kashe fam da sule da kwabo na hukumar kuɗin Ingila ta Afirka ta Yamma. Kowace daula ta kewaye kanta da katanga: abin da aka noma a mallakarta a sayar a cikin gidanta, kada kuɗin waje ya zurare. A Janairun 1948 Faransa ta karya darajar kuɗinta duk da adawar Landan. A 18 ga Satumba 1949 Ingila ta karya fam daga dalar Amurka 4.03 zuwa 2.80, ba ta sanar da Paris ba sai a ƙurarren lokaci, Faransawa suka fusata. Ƙawaye ke nan masu yarjejeniyar shekara 50. Kowane irin wannan mataki kuwa yana sauka ne a kasuwar Magarya da Matamai da Ɓaɓura, a hannun ɗan canji da mai sayen turmin atamfa.

Sai gyaɗa, wadda ita ce zuciyar lamarin a wajenmu. Turai ta fito daga yaƙi ba mai ba sabulu. Ingila ta zuba miliyoyin fam a wani shirin noman gyaɗa da injuna a Tanganyika daga 1947, ya rushe a 1951. A daidai lokacin buhunan da talakan ƙasar Hausa ya noma da hauya suna jibge a Kano, dala bayan dala, don jirgin ƙasa ya kasa kwashe su. Gyaɗar Damagaram da Magarya da Maraɗi ma wannan layin dogo take bi zuwa Ikko, domin daga Zinder zuwa Kano bai wuce kilomita 250 ba. Wato mallakar Faransa na jiran taragon Ingila, tana biya da fam, kuma idan wuri ya yi ƙaranci an san buhun wa za a fara ɗauka. Da haɗin kan da ake faɗa a Dakar da Landan gaskiya ne, da nan ne wurin nuna shi: a gyara layin, a yi tsari ɗaya. Abin da Faransa ta yi a farkon shekarun 1950 shi ne ta buɗe wata hanya da ta sa wa suna Hirondelle, wato tsattsewa. Motoci su kawo kaya daga Parakou zuwa Nijar, su koma da gyaɗa, daga can jirgin ƙasa ya ja ta kilomita 438 zuwa Kwatano. Daga Zinder zuwa Parakou kaɗai ya haura kilomita 1,000. Hanya ce mai tsada wadda sai da tallafi take tafiya, amfaninta ɗaya: kaya da kuɗi ba su fita daga gidan Faransa ba. Gyaɗar gabas dai ba ta rabu da hanyar Kano ba, don nisa ba ya jin umarnin gwamna.

Manomi kuma ba wawa ba ne. Daga 1949 hukumar cinikin gyaɗa ta Najeriya ke yanka farashi tun kafin kaka, sau da yawa ƙasa da na kasuwar duniya, tana ajiye rarar. Faransa kuwa a shekarun 1950 tana sayen gyaɗar mallakarta sama da farashin duniya. Duk shekarar da farashi ya fi kyau a wani ɓangare, jakuna da raƙuma su kwashi buhuna da dare su kai can. Wani mai bincike, John Collins, ya yi nazarin wannan safara a yankin Magarya ya wallafa a 1976. A takardun kumandan sunanta fasa-ƙwauri. A wurin wanda ya yi noman, kai kaya ne kasuwar da ta fi daraja, wadda kakansa ma can yake kaiwa tun ba a kafa turaku ba. Ni dai a wannan shari'a ina bayan mai jaki.

A siyasa ma hanya ta rabu. Bayan taron Brazzaville na 1944, Faransa ta zaɓi ta jawo mallakarta cikin jikinta. Dokar Houphouët-Boigny ta 11 ga Afrilu 1946 ta soke aikin tilas, aka kafa Tarayyar Faransa a Oktoba, a Nuwamba Diori Hamani ya tafi majalisar Paris a matsayin wakilin Nijar. Ingila kuwa ta bi hanyar miƙa mulki yanki-yanki: tsarin Richards, na Macpherson a 1951, na Lyttelton a 1954. Da Nkrumah ya fito daga kurkuku ya zama jagoran gwamnati a 1951, jami'an Faransa suka ga maƙwabcinsu na kunna wutar da za ta ci har danninsu. Ingilishi su kuma suna kallon tsarin Faransa a matsayin mafarki. Kumandan da Di'o na iya haɗuwa a bakin iyaka su tattauna ɓarayin shanu da masu gudun haraji, amma kowa ya koma gida ya rubuta rahoto a kan ɗan'uwansa. Zuwa ƙarshen 1949 Bevin da kansa ya haƙura da ƙarfi na uku, ya rungumi Amurka. Faransa ta juya wajen Jamus da shirin Schuman na Mayun 1950, kuma da aka sa hannu a yarjejeniyar Roma a 1957 ta shigar da mallakarta, har da Nijar, cikin hulɗa da kasuwar Turai. Najeriya na waje.

Akwai abin da takardun Kew da Aix ba su iya faɗa, kuma masanan kirki sun gane haka. Takarda tana faɗin abin da Bature ya ji tsoro da abin da ya ƙirga. Ba ta faɗin yadda aka ɗaura aure tsakanin Kance da Daura a shekarar da iyaka ke rufe, ko ta wace hanya almajirai suka bi zuwa Kano. Shi ya sa William Miles ya je ya zauna a ƙauyuka biyu maƙwabta, Yardaji a Najeriya da Yekuwa a Nijar, ya fitar da littafinsa kan rabuwar ƙasar Hausa a 1994. André Salifou, ɗan Zinder, ya tattara tarihin sarautar Damagaram daga bakin mutanenta tun 1971. Camille Lefebvre kuma a 2015 ta nuna cewa masu zana iyakar ba a kan farar takarda suka yi aiki ba: sun tambayi sarakuna da fatake ina ƙasar wane ta tsaya, kuma tsohuwar gaba tsakanin Damagaram, Maraɗi da Gobir a gefe ɗaya da daular Sakkwato a ɗaya gefen ta shiga cikin layin. Wannan magana ba ta yi wa wasunmu daɗi, don mun saba cewa Nasara ne ya raba mu da rana tsaka. Ya raba ɗin, amma ya tarar da tsaga a bango.

Malamin da ke son babin nan ya zauna a kan yara yana iya ajiye taswirar Turai na rabin sa'a ya zana Zinder, Kano, Ikko, Parakou da Kwatano, ya sa su auna hanyoyin biyu su faɗi wadda mai hankali zai bi, sannan ya tambaye su me ya sa aka bi ɗayar. Iyaye kuma, wanda Allah ya bar masa tsoho ɗan shekara 85 ko fiye a gida, ya sa jikoki su tambaye shi da wane kuɗi aka biya sadakin yayarsa, kuma ina mahaifinsa ke kai gyaɗa. Waɗanda suka ga zamanin da idonsu saura kaɗan.

Zargin bai ƙare ba har ranar sauke tuta. A ƙuri'ar raba gardama ta 28 ga Satumba 1958, Djibo Bakary da jam'iyyar Sawaba suka nemi a ce a'a ga de Gaulle. Klaas van Walraven, a littafinsa na 2013 kan Sawaba, ya nuna yadda Paris ta turo sabon gwamna, Don-Jean Colombani, da ƙarin sojoji don kada hakan ta faru. Cikin abin da take tsoro har da Nijar ta karkata wajen Najeriya mai shirin samun ƴanci, a lokacin da ake yaƙi a Aljeriya a kan iyakarta ta arewa. Dangantakar ƴan Sawaba da ƴan NEPU na Malam Aminu Kano ba ɓoyayya ba ce, kuma da aka haramta Sawaba a 1959 Kano na cikin wuraren da suka fake. Nijar ta karɓi mulkin kai ranar 3 ga Agusta 1960, Najeriya ranar 1 ga Oktoba, kowace da kuɗinta da harshen makarantarta da tashar jirgin ruwan da aka ɗaura mata. Hukumar haɗin gwiwa ta ƙasashen biyu, mai mazauni a Yamai, sai a 1971 aka kafa ta.